Marubuci a Baƙunta: Abin da Zaman Waje Ke Ba Alƙalami da Abin da Yake Karɓewa

A watan Yulin 2025 Amurka ta sanar da cewa yawancin bizar da take ba 'yan Najeriya masu zuwa na ɗan lokaci ta koma ta wata uku, shiga ɗaya tak. Ba a gama juya wannan magana ba, sai ga fitaccen marubuci Wole Soyinka a ƙarshen Oktoba ya tara 'yan jarida a Legas ya shaida musu cewa an soke tasa bizar ɗungurungum. Kafin nan ma, tun Janairun 2024, Birtaniya ta hana mafi yawan ɗaliban digiri na biyu tafiya da iyalansu.

Labaran sun shafi ɗalibai da 'yan kasuwa da masu zuwa asibiti, amma a tsakanin marubutan Bauchi da Gombe wata tsohuwar gardama suka tono. Wasu na ganin an rufe wa matasa ƙofar da manyan marubutan Afirka suka bi har duniya ta san su. Wasu kuwa cewa suke gaba ta kai mu, gobarar Titi, tun da dama zaman Turai ba ya barin alƙalami da ɗanɗanon gida. Mai karatu da ke gefe sai ya rasa na kamawa, musamman da yake kowane ɓangare yana da sunayen da zai lissafa masa.

Tafiya suna ta tara

Rabin gardamar daga nan take, domin kalma ɗaya ake amfani da ita ana nufin abubuwa mabambanta.

Akwai ziyara, wadda mutum zai je ya gani ya dawo cikin kwanaki ko makonni. Irinta Abubakar Imam ya yi a 1943 lokacin da aka gayyaci editocin jaridun Afirka ta Yamma zuwa Ingila, ya dawo ya rubuta *Tafiya Mabuɗin Ilmi*. Ziyara takan haifi labarin tafiya, wato rahoton abin da ido ya gani. Da wuya ta haifi ƙagaggen labari, don shi sai abu ya kwana ya tashi a zuciya.

Akwai ci-rani. A duniyar adabi ta yau shi ne tallafin zaman rubutu: jami'a ko wata gidauniya ta ba marubuci ɗaki da abinci da ɗan alawus na wata uku, ko shida, ko shekara, ta ce ya zauna ya rubuta. Kamar ɗan ci-ranin gargajiya, ya san ranar komawarsa tun kafin ya tashi. Sai ƙaura, inda mutum ya kwashe iyali, ya kama aiki, 'ya'yansa suka shiga makaranta a can. Na ƙarshe shi ne gudun hijira, wanda ba zaɓi a cikinsa. Soyinka ya tsere ta kan iyaka a 1994 zamanin Abacha. Ngugi wa Thiong'o na Kenya ya kasa komawa gida daga 1982, bai sake taka ƙasarsu ba sai 2004. Wanda ya san zai iya sayen tikiti gobe ya koma, da wanda ya san in ya koma kurkuku ke jiransa, ba iri ɗaya suke tuna gida ba, kuma ba iri ɗaya suke rubuta shi ba.

Ba kuma yau aka fara ba. Tun a shekarun 1850 wani yaro Bahaushe mai suna Dorugu ya bi Bajamushen nan Heinrich Barth har Ingila da Jamus, ya ba da labarin abin da ya gani da Hausa, aka buga shi cikin *Magana Hausa* a 1885. Fatake masu zuwa Gwanja, da almajirai masu tafiya gabas, da alhazan ƙafa da kan shekara bakwai ko goma a hanya, duk sun riga jirgin sama kawo labari gida. Bayan yaƙin Burmi da aka yi da Turawan mulkin mallaka a 1903, a ƙasar Gombe ta yau, dubban mutane suka nausa gabas, zuriyarsu na nan a Mai Wurno ta Sudan da Hausarsu da Fulatancinsu.

Malamin makarantar da bai taɓa ganin Masar ba

Duk wanda zai yi wannan gardama a Bauchi, dole ya fara da littafin da aka rubuta a garin. A 1933 Rupert East na Hukumar Fassara ya shirya gasar ƙagaggun labarai da Hausa. Cikin waɗanda suka shiga akwai wani matashin malamin Midil ta Bauchi, bai daɗe da fitowa daga Kwalejin Katsina ba, shekarunsa ashirin da ɗoriya: Abubakar Tafawa Ɓalewa. Littafinsa *Shaihu Umar* labarin tafiya ne tun daga farko har ƙarshe. An sace yaro, ya faɗa hannun wani Balarabe a Kano, aka ƙetare Sahara da shi zuwa ƙasar Masar. Uwarsa ta bi sawu, ita ma aka bautar da ita, ta bi ta Murzuk har Tarabulus. A ƙarshe Umar ya dawo ya zauna a Rauta, kusa da Bauchi, yana ba almajiransa labari.

Lokacin da ya rubuta wannan, marubucin bai taɓa ƙetare hamada ba. Ayari da guguwar rairayi da kasuwar bayi duk a kunne ya same su, domin a Bauchin wancan zamani akwai tsofaffin da suka rayu cikin bauta da fatauci, suna zaune a zaure suna faɗa. Sai a 1945 ya tafi Landan karatu a sashen horar da malamai na jami'ar birnin. Ya dawo da ido a buɗe, amma siyasa ce ta amfana. Daga baya ya zagaya duniya a matsayin Firayim Minista, ya yi jawabi a Majalisar Ɗinkin Duniya, bai kuwa sake fitar da wani ƙagaggen labari ba.

Masu cewa ba sai an fita ba, wannan ce babbar hujjarsu, kuma tana da nauyi. Sai dai a lura da abu guda: tafiyar da ke cikin littafin ta gaske ce, wasu ne suka yi ta da ƙafarsu, shi kuma ya iya saurare. Haka nan bai dace a ɗora wa Landan laifin shirun da ya biyo baya ba. Mutumin da mulkin ƙasa ya hau kansa, ina ya ga lokacin zama da alƙalami?

Daga Kaltungo zuwa Bajiniya

Ɗaya ɓangaren kuma Helon Habila suke nunawa. An haife shi a Kaltungo a 1967, ya yi digiri a Jami'ar Jos, ya koyar a Kwalejin Kimiyya da Fasaha ta Tarayya da ke Bauchi, sannan ya koma Legas aikin jarida a 1999. Wannan ce tafiyarsa ta farko mai tasiri, kuma ba ta buƙaci fasfo ba. A Legas ya rubuta labaran da ɗaya daga cikinsu ya ci kyautar Caine ta gajerun labaran Afirka a 2001, waɗanda suka zama *Waiting for an Angel*, littafi a kan rayuwa ƙarƙashin mulkin soja. Kyautar ce ta buɗe masa hanyar Jami'ar East Anglia a Ingila, daga nan Amurka, inda yake koyar da rubutu a Jami'ar George Mason da ke jihar Bajiniya.

Abin lura shi ne yadda littattafan suka bi sawun ƙafarsa, amma a baibai. Yana Legas ya rubuta Legas. Sai da ya yi nisa da gida sannan ya waiwayi ƙauye: *Measuring Time*, wanda ya fito a 2007, a wani ƙagaggen gari na Arewa aka gina shi, mai duwatsu da coci da fadar sarki, irin wanda duk ɗan kudancin Gombe zai ji kamar ya san shi. Kuma tambayar da ake gardama a kanta ita ce ƙashin bayan labarin. Tagwaye ne, ɗaya ya fita duniya yana yaƙe-yaƙe a ƙasashen Afirka yana aiko da wasiƙu, ɗayan ciwon sikila ya zaunar da shi a gida ya zama mai rubuta tarihin mutanen garinsu. Shi kuwa zaman baƙunta kansa, Habila bai mai da shi jigon littafi ba sai bayan da ya yi shekara guda a Balin ta Jamus, ya zauna da 'yan gudun hijira, sannan *Travelers* ya fito a 2019, kusan shekara goma sha bakwai da barinsa gida.

Ba shi kaɗai ba ne. Ɗayyib Salih na Sudan yana aiki a sashen Larabci na BBC a Landan ya rubuta ƙauyen bakin Nilu da ya shahara da shi. Abdulrazak Gurnah, wanda ya ci kyautar Nobel a 2021, ya bar Zanzibar yana saurayi a ƙarshen shekarun 1960, amma gaɓar tekun Afirka ta Gabas ce ta cika littattafansa. (Da yawa ba su san ya koyar a Jami'ar Bayero ta Kano a farkon shekarun 1980 ba.) Kowane tsuntsu kukan gidansu yake yi, ko da a reshen wani ya sauka.

Abin da ake samu a can

Na farko lokaci ne, kuma shi ne wanda aka fi raina shi a gardamar. Ƙagaggen labari mai shafi ɗari uku yana cin shekara biyu ko uku na zama kullum. A ɗauki malamin sakandare a Gombe mai son rubutu. Da safe aji, da yamma darasin kuɗi ko gona, ga ɗaurin aure ranar Asabar, ga ta'aziyya a Kumo, ga ɗan ƙanin baba da aka kwantar a asibiti. In dare ya yi ya buɗe kwamfuta, wuta ta ɗauke. Babu ɗaya daga cikin waɗannan da zai iya cewa ba zai je ba ya zauna lafiya da dangi. Wanda aka ba ɗaki a wata jami'a a waje an ɗauke masa duk wannan, an ƙara masa da laburaren da zai nemi littafi yau ya samu gobe.

Na biyu nisa. Abin da mutum ke gani kullum ido kan daina ganinsa. Wanda ya tashi a Bauchi ba ya jin ƙarar injin markaɗe da asuba, ba ya lura da yadda ake ɗaukar minti biyar ana gaisuwa kafin a faɗi abin da ya kawo mutum. Ranar da ya kwana a garin da maƙwabci ba ya amsa sallama, ranar zai fara jin su, kuma daga irin wannan ji ne siffantawa mai rai take fitowa. Nisa yana kuma ba da sarari ta wata fuskar: akwai maganganu a kan sarauta, ko malamai, ko abin da ke faruwa a ɗakin aure, da marubucin da zai haɗu da mutanen a masallacin Juma'a zai yi ta kewaye-kewaye kafin ya taɓa.

Na uku sana'ar ce kanta: edita mai zama da rubutu wata shida yana tankaɗe da rairaya, dillalin adabi mai kai littafi ga maɗaba'a ya yi ciniki, da kuɗin somin-taɓi da ake biya kafin littafi ya fito. A gida, yawancin marubuta su ne masu bugawa da aljihunsu, su ne masu tallatawa.

Abin da ake bari a tasha

Kunne ne ke fara tafiya. Harshe ba ya tsayawa jiran kowa. Karin maganar 'yan acaɓa da zaurancen 'yan mata na bana ba su ne na shekara goma da suka wuce ba. Marubucin da ya daɗe a waje yakan dawo da Hausa mai tsabta amma tsohuwa, irin wadda gwaggonsa za ta saurara ta ce, "Ɗan nan, kai kuma maganarka ta koma ta rediyo." A labari, wannan yakan fito a bakin taurari: sai ka ga saurayin 2020 yana magana kamar na 1995. Shi ya sa da yawa daga marubutan da ke waje suka fi sakewa in suna rubuta zamanin ƙuruciyarsu ko tarihi, inda agogon ya riga ya tsaya. WhatsApp da bidiyon TikTok sun rage wannan giɓi, amma jin magana a waya daban, tsayawa a layin mai ana yi da kai daban.

Sai babbar matsalar, wato wa ake rubuta wa. A ɗauki jimla ɗaya: yarinya ta fita da sassafe sayen masa. In mai karatu ɗan Bauchi ne, an gama. Ya ji ƙamshin man gyaɗa, ya ga tanda, ya san layin da ake yi a ƙofar gidan mai suyar. In editan yana Landan, zai nemi a bayyana mece ce masa, sai jimlar ta zama uku: wani abinci ne da ake yi da shinkafar da aka jiƙa aka markaɗa ta kwana, ana soyawa a kasko mai ramuka. Bayanin ba ƙarya ba ne, amma yarinyar ta tsaya cak a bakin ƙofa tana jiran a gama yi wa baƙo jawabi. In aka yi haka sau ɗari a littafi, ɗan gida zai ji cewa ba da shi ake ba, labarinsa ake ba wani.

Daga nan zargi mafi zafi ya taso, cewa kasuwar waje ta fi son labarin Afirka mai yunwa da yaƙi da yara marasa galihu, marubuta kuma suna auna mata abin da take so. Abin sha'awa, cikin waɗanda suka fito da wannan magana fili har da Habila kansa, a wani sharhin littafi da ya rubuta a jaridar Guardian ta Landan a 2013, duk da cewa shi ma ta ƙofar kyautar Caine ya fita. Masu kare marubutan kuma suna da amsa: yunwar da yaƙin ba ƙirƙirarsu aka yi ba, kuma wanda ya ga abin da ya faru a Arewa maso Gabas daga 2009 ba zai ce a rufe baki don kada baƙo ya ji ba.

Akwai kuma waɗanda zaman waje ya zo daidai da shirunsu. Chinua Achebe ya koma Amurka bayan haɗarin motar da ya yi a 1990, ya zauna har rasuwarsa a 2013, ya rubuta maƙalu da tarihin yaƙin basasa, amma ƙagaggen labarinsa na ƙarshe tun 1987 ne. Ngugi kuwa yana Amurka ya rubuta littafinsa mafi girma da harshensu na Gikuyu. Misalan biyu sun isa su hana kowa yanke hukunci ɗaya a kan kowa.

Wane ne marubucin gida?

Gardamar ta taɓa zama doka. Kyautar adabi ta kamfanin iskar gas na NLNG, wadda aka fara a 2004 kuma ta kai dala dubu ɗari, da farko sai mazaunin Najeriya ne ke iya shiga. Hujjar ita ce wanda ke fama da rashin wuta da rashin edita bai kamata a haɗa shi tsere da mai zaune a jami'ar Amurka ba. Masu suka suka ce adabin ƙasa ba a auna shi da adireshin marubuci. Daga baya aka cire sharaɗin, a 2012 Chika Unigwe, wadda ke zaune a Beljiyam a lokacin, ta ci. A 2016 kuma Abubakar Adam Ibrahim, ɗan Jos da ya rubuta littafinsa yana aikin jarida a gida, ya ɗauka. Buɗe ƙofar bai kori 'yan gida daga fili ba.

Mai rubutu da Hausa fa?

A nan lissafin ya sauya, kuma yawancin masu gardamar ba su cika rarrabewa ba. Duk abin da aka faɗa a sama game da dillali da edita da kyaututtuka, na mai rubutu da Turanci ne. Mai rubutu da Hausa kasuwarsa tana Kano da Kaduna da Bauchi da Gombe da Damagaram, yanzu kuma tana cikin wayoyin mata a manhajar karanta labarai ta Wattpad da rukunonin WhatsApp, inda ake biyan 'yan ɗaruruwan naira a karanta littafi shafi-shafi. In ya ƙaura, ya bar masu karatunsa ne ya tafi inda ba mai iya karanta shi. Littafin ma yakan yi tafiyar ba tare da mai shi ba: *Alhaki Kwikwiyo Ne* na Balaraba Ramat Yakubu an fassara shi zuwa Turanci, wata maɗaba'a a Indiya ta buga a 2012, marubuciyar tana zaune a Kano.

Amma ƙasar waje ta cika littattafan Hausa na intanet maƙil. Tauraron ya yi karatu a Landan, amarya za ta haɗo lefe a Dubai, an tafi hutu Turkiyya. Sau da yawa garuruwan suna ne kawai da otal da kantin sayayya, babu sanyin da ke shiga ƙashi, babu kaɗaici, babu ɗalibin da ke wankin kwanuka da dare don ya biya haya. Ga kuwa masu labarin gaske a kusa: matan da suka yi shekaru suna aikatau a Jidda da Makka, ɗaliban da yaƙin Sudan ya koro a 2023, samarin da suka dawo daga Libiya ta Agadas. Hanyar da marubucin *Shaihu Umar* ya bi, ta zama a saurari wanda ya je, har yanzu ba ta buƙatar biza.

Ga mai karatu kuwa, abin ya fi tsayawa a aljihu. Littafin da aka buga a Landan ko New York da fam ko dala ake sayensa, kuma tun da aka saki naira a Yunin 2023 farashin irinsu ya fi ƙarfin ɗalibi. Sai in wata maɗaba'ar gida, irin Cassava Republic da aka kafa a Abuja a 2006, ta sayi izinin fitar da bugun Najeriya. In ba haka ba, sai a wayi gari littafin da aka rubuta a kan Kaltungo ya fi sauƙin samu a Bajiniya fiye da Gombe.

Sababbin dokokin biza ba za su taɓa wanda ya riga ya kafu a waje sosai ba. Masu ci-rani za su fi ji a jika, musamman marubuciya mai yara da dokar Birtaniya ta ce ta zo karatu ita kaɗai. Abin da ya rage a kusa shi ne irin gidan marubuta na Ebedi da Wale Okediran ya buɗe a Iseyin ta jihar Oyo a 2010, inda ake ba marubuci ɗaki na 'yan makonni ya zauna da aikinsa. Daga tashar Gombe tafiyar yini da kwana ce a mota, ta Bauchi da Jos, a ƙetare kogin Kwara, a sauka garin masaƙa inda gaisuwar asuba ma sai an koya.